Shekarar da Kurkunu Ya Shiga Jam'iyya

Ɗayanku ya ce wai aikin nan ba shi da wuya: mutum ya cusa tsumma a riga ya yi tumbi, ya karkace baki, ya maimaita abin da likita ya faɗa masa, a ɗauka a salula a watsa. To, madalla. Ai na ga irin abin da kuke watsawa. Na ga wani ya shafa gari a fuska yana birgima a ƙasa wai yana koya wa mutane wanke hannu. Aka gama dariya, ba wanda ya san dalilin wanke hannun. Wannan ba ɗan kama ba ne, ba kuma mai wayar da kai ba ne, mutum ne kawai da ya ɓata garin tuwo. Tun da kun zauna, ku ajiye wayoyin nan ku ji yadda aikin yake a lokacin da babu abin da ya raba ka da jama'a, in ka yi daidai ka gani a fuskarsu, in ka kuskure ka ji a jikinka.

Aikina na farko ɗaukar takobin icce ne. Bawa Mai Tumbi, ɗan kaman Gazawa, shi ne maigidana, kuma ya daɗe bai bar ni na buɗe baki a gaban mutane ba. Ina bin sa kasuwa-kasuwa da takobinsa da ƴar gangarsa da ƙoƙon furar da yake rantsuwa da shi. In ya fara wasa sai in koma bayan taro, ba shi zan kalla ba, mutane zan kalla. In muka sauka masauki ya tambaye ni wa ya fara dariya, wa ya tashi ya tafi, a kan wace magana tsohuwar nan mai daddawa ta ɗaure fuska. In ban sani ba, ranar ba ni ba fura. Duk wasansa a kan tuwo ne da nama da rowar masu gida, amma a hannunsa na gane cewa taro ba abu ɗaya ba ne. Dariyar mahauta daban, ta mata masu awo daban, ta dattawan gindin bedi kuwa sai an lallaɓo ta, don suna tsoron girma ya zube. A Gidan Rumji Gobirawa suna son ka tsokane su ƙiri-ƙiri su rama. Ka kai wannan wasan Gazawa, sai a tambaye ka ɗan gidan wane ne kai. Ranar da ya fara tura ni fili, a wani gidan suna, na kwashe maganganunsa kaf na zuba, ba wanda ya motsa. Ya bar ni na tsaya a cikin shirun nan har na ji ɗanɗanonsa, sannan ya buga ganga ya cece ni.

Wani wasa da na yi a kasuwar Cadawa, bayan Bawa ya tsufa ya sallame ni, shi ya canza mini hanya. Damina ce, na ga mutane da yawa suna ɗingishi da tsinke ɗaure a ƙafa, sai na kwaikwayi tafiyar mai kurkunu. Ku ba ku san kurkunu ba, Allah ya raba ku da shi. Tsutsa ce fara, siririya kamar zaren saƙa, tsawonta ya kai hannu ko ya fi. Takan fasa fata ta leƙo, yawanci a ƙafa, a riƙa naɗe ta a tsinke kaɗan-kaɗan har makonni, in ta tsinke a ciki ƙafar ta kumbura ta ruɓe. Na yi tafiyar, kasuwa ta kwashe da dariya, har da masu ciwon. Da na gama sai wata mata mai farar riga ta aiko a kira ni. Madam Zuwaira ke nan, majo, shugabar gidan likitan garin. Na ɗauka kyauta za ta yi mini. Sai ta tambaye ni daga ina kurkunu yake zuwa. Na faɗa mata abin da kowa ke faɗa: a jini yake, gado ne, damina ke tayar da shi, wani lokaci kuma jifa ne. Ta ce gobe in zo mata da ruwan tabkin garinmu a kwalba.

Na kai. Ta ɗaga kwalbar a hasken taga, ta ba ni wani madubi mai ƙara girman abu, ta ce in duba da kyau. Sai ga wasu ƴan ƙwari farare, ƙanana kamar ƙurar gari, suna zillo a ciki. Ruwan da nake sha tun ina rarrafe. Ta yi mini bayani dalla-dalla: mai kurkunu in zafi ya ishe shi ya tsoma ƙafa a tabki, tsutsar sai ta zubar da ƴaƴanta, ƴan ƙwarin nan su haɗiye su, kai kuma ka sha ruwan da ƙwarin, ba ka jin komai, sai shekara ta zagayo ta fito maka. Babu allura, babu ƙwaya. A tace ruwa da ƙyalle mai matsattsen ido, a hana mai miki shiga tabki, iyakar maganin ke nan. Ta ce ta gaji da faɗin haka, ana ce mata "to, Madam" a tafi.

"Kai suna tsayawa su saurare ka, Illo," in ji ta. "Amma ranar da ka faɗi ƙarya don a yi dariya, kada ka ƙara tako mini nan."

Koyon da na yi a hannunta ya fi na Bawa zafi. Bawa fura yake hana ni. Ita kuwa dariyar da na ƙera da wahala take hana ni. Kowane sabon wasa sai na fara yi mata shi a bayan gidan likita, tana zaune a benci tana naɗe bandeji, fuskar nan kamar an aiko mata da rasuwa. Akwai wata magana da na shirya, cewa matata ta zuba yaji a miya har kurkunun cikina ya nemi gafara ya fita. Duk wanda na gwada wa sai ya riƙe ciki. Madam ta ce in cire. Na ce ai kowa ya san wasa ne. Ta ce a cikin taro akwai wadda za ta koma gida ta ɗura wa ɗanta yaji ta bar ruwan yadda yake. Haka ta yanke mini wadda na ce tsutsar tana kama mutum in ya taka ruwa: ta baki take shiga, ta ƙafa take fita, in na juya su na kashe aikin duka. Ku da kuke cewa ba wuya, wa yake yanke muku? Duk abin da ya zo bakinku shi ne ilimi.

Babbar wahalar ita ce shekarar nan da ke tsakani. Ka ce wa manomi ruwan da ya sha bara shi ya kwantar da shi bana, sai ya dube ka kamar ka taɓu. Na daɗe ina juya abin kafin na samo Alhaji Kurkunu. Baƙo ne mai babbar riga da tafiyar ƙasaita, yana shiga gida ba sallama, ta cikin moɗa. Ya sami wuri a cikin maigida ya miƙe ƙafa, ya ci kaka, ya ci ɗari, ya ci bazara, bai taɓa cewa sannu da aiki ba. Sai ranar da gero ya isa noma sannan ya ce zai tafi, kuma ba ta ƙofar da ya shigo ba, sai ta ƙafar mai masaukinsa. In maigida ya roƙe shi ya yi sauri don ciyawa na cinye gona, sai in gyara riga in ce manyan mutane ba sa gaggawa. Da wannan baƙon mutane suka iya riƙe zaren daga damina zuwa damina, don ba gidan da bai taɓa saukar da irinsa ba.

Kayan aikina ba su cika buhu ba. Babbar rigar, da farin zaren auduga da nake naɗewa a ƙwauri ƙarƙashin wando in riƙa jawo shi kaɗan-kaɗan, da kwalba, da ƴar randa, da amsa-kuwwa mai cin batir kamar jaki da dusa, da ƙyallayen tacewa da wani furoje na masu agaji yake kawowa gidan likita. Sai madubin Madam, wanda aro ne, kuma ba ta gajiya da tuna mini. Sanin lokacin fito da kowanne shi ne sana'ar. Ba a fito da kwalba sai dariya ta sassauta wa mutane wuya. Ruwan dole na tabkin garin ne, kuma ɗan gari ne zai ɗebo a gaban kowa, in ba haka ba a ce da ƙwarinka ka zo. Mata ake fara miƙa wa madubi, don su ke da randa. Sannan ka tace a gabansu, ka sake ɗaga kwalba su ga wayam. Ƙyallen kuma yana da fuska da baya, in an juya shi gobe, abin da aka tare jiya ya faɗa randa. Don wannan na sa Alhaji yana durƙusa wa uwargida yana roƙo ta juya shi ko sau ɗaya, iyalinsa suna maƙale a sama suna jiran a buɗe musu ƙofa.

Wani aiki a wata ruga yamma da Gidan Sori ya kusa kunyata ni. Na yi duk abin da ke kayar da mutane a kasuwa, Fulanin nan suna tsugune da sandunansu, ba wanda ya nuna ko haƙori. Ashe surukai ne a wurin da ƴaƴan fari, ba mai yin dariya a gaban wani. Zancen randa kuma bai dame su ba, makiyayi a daji yake sha, inda shanunsa suka sha. Arɗon rugar ya bari na gama zufa, sannan ya ce da Hausarsa mai sanyi wasan ya yi kyau, amma su ba sa yawo da randa. Na koma na gaya wa Madam, muka yanka ƙyallayen ƙanana yadda za a ɗaure a bakin gora. Da na sake zuwa na raba taron, samari a gefe, dattawa a gefe. Samarin suka yi dariya har da faɗuwa. Dattawan suka juya mini baya, kafaɗunsu na rawa.

Daga nan aiki ya buɗe. Malaman gona na Agye suka neme ni a kan maganin ƙwarin da mutane ke barbaɗa wa wake su kuma dafa su ci, da kututturan da ake so a daina tumɓukewa a gona a bar su su tofo. Kowanne sai na zauna an koya mini kamar ɗan lakol a aji kafin in taɓa shi. Masu ba da aikin kuwa iri biyu ne. Akwai irin Madam, masu son a koma gari ɗaya a yi ta komawa har abu ya zauna. Akwai kuma masu son hoto: a tara mata cikin sabbin zannuwa a tsakar rana, ka yi tsalle a gaban baƙi, a tafa, mota ta tashi, ba wanda ya tambaya ko garin yana da tabki ma. Na yi wa waɗannan aiki su ma, ciki ba ya jira. Amma a garuruwan da aka yi abin da gaske, damina ta zagayo masu ɗingishi suka ragu, ba sai an gaya wa kowa ba.

Sai aka buɗe jam'iyyu. Ku a cikin abin aka haife ku, ba ku san yadda ya faɗo mana ba. Muna jin rediyo ana ta muhawara a Yamai, soja za su miƙa mulki, kowa zai faɗi ra'ayinsa. Abu mai kyau, ban musa ba. Amma kafin ya iso ƙauyukanmu ya zama tuta a kan kowace bedi, da wa da ƙane da ba sa cin tuwo a akushi ɗaya. Duk mai amsa-kuwwa ya yi daraja. Makaɗa da maroƙa da ƴan kama aka ɗinka musu riguna masu launi, suka hau bayan mota suna zagin iyayen mutane. Ni ma an zo mini daga ɓangarorin biyu. Ban shiga ba, kuma kada ku ɗauka waliyyi ne ni: Madam ta ce ranar da ta gan ni a motar jam'iyya in maido mata madubinta, ni kuma na san mai wasan da ya ɗauki launi ya raba taronsa biyu ya zubar da rabi.

Akwai wani gari tsakanin Cadawa da Gazawa, ba zan kira sunansa ba, jikokinsu suna da salula kamar ku. Suna da babban tabki inda aka haƙi jar ƙasa lokacin gyaran hanya, kuma sun karɓi tacewa da kyau. Wani ɗan garin, Alhaji Maitano, mai shigo da man mota tano-tano, wato ganga-ganga, daga hayin iyaka, ya tsaya neman kujerar depite a majalisa. Mutum ne mai babbar riga da nauyin tafiya, ya daɗe a Maraɗi bai leƙo gida ba sai da zaɓe ya matso. Ko sunansa ban taɓa ji ba lokacin da na ƙirƙiri nawa Alhajin. Amma samarin ɗaya jam'iyyar ba su sha wahalar nema ba. Suka kwashi maganganuna suka ɗora masa: ya shigo ba sallama, zai ci ya ƙoshi, zai fita ta ƙafafunku. A kowane mitin na jam'iyya sai a kira Alhaji Kurkunu, taro ya amsa. Kafin tsakiyar damina ƙyallen tace ruwa ya tashi daga kayan randa ya koma zagi.

Ban san abin ya kai haka ba sai ranar kasuwarsu da na je da sabbin ƙyallaye. Ina zura babbar riga na ji fili ya yi tsit, ba irin shirun masu jiran dariya ba. Mati ne ya fito, jagoran samarin Alhaji, ƙaƙƙarfan manomi wanda bara a wannan filin ya yi dariya har ya zauna a ƙasa. Ya ƙwace amsa-kuwwar, ya taka kwalbar ta fashe, mutanensa suka tara ƙyallayen, suka bi gidaje suka kwaso na da, suka cinna musu wuta. Na ce masa, Mati, tsutsar nan ba ta san Alhajinku ba. Amsar da ya ba ni da ƙotar hauya ce, ga wurin nan a kafaɗa, har yau in hadari ya haɗu sai ta gaya mini. Sannan ya juya ga jama'a.

"Duk gidan da muka ga ana tace ruwa," in ji shi, "mun san inda suka dosa."

Madubin kaɗai ya tsira, don yana aljihun wando. Jandarma suka zo, suka dubi mai jini suka dubi mai jama'a, suka ɗauki mai jinin. A wani buro na hukuma aka yi mini doguwar nasiha a kan zaman lafiya, aka ce in ajiye wasan sai bayan zaɓe.

Kuna tsammanin ɗaya ɓangaren sun fi hankali? Su da suka sace mini wasa, sai suka karɓe ƙyallayen matansu suka ɗaura a huluna, suna yawo da su don a san su ba na Kurkunu ba ne. Rabin gari sun ƙone nasu, rabi sun ɗora a ka, kowa kuma ya dawo daga ihu da ƙishirwa ya kafa baki a ruwan tabki. A lokacin ma'aikata suna ta yajin aiki, gidan likita ba ko auduga, Madam kaɗai ke buɗewa. Duk da haka ta rufe yini guda ta hau mota ta sami Alhaji Maitano a Maraɗi. Ya karɓe ta hannu biyu, ya sa aka kawo mata lemo mai sanyi. Ta roƙe shi ya tsaya a gaban mutanensa ya tace ruwa ya sha, shi ke nan. Ya ce shi ba shi da rigima da ƙyalle, amma in ya taɓa shi yanzu ya amsa sunan ke nan, ta yi haƙuri a gama zaɓe. Ta je wurin abokin takararsa ta roƙe shi ya hana yaransa kiran sunan. Shi kuma ya yi dariya ya ce ai sunan nan ya fi masa duk makaɗan da ya ɗauka.

Na yi rani ina wasan tuwo da nama a gidajen suna da biki, kamar ban taɓa leƙa madubi ba. Aka yi zaɓe. Alhaji ya ci ya tafi Yamai. Wanda ya faɗi ma bai kai ƙasa ba, jam'iyyarsa ta sama masa kujera a wani buro. Tutoci suka koɗe a kan bedi, awaki suka cinye na ƙasa-ƙasa.

Ruwa ya sauka, aka yi shuka, gero ya isa noman fari, sai ga ɗan aiken maigarin nan wurin Madam. Muka tafi a amalanke da safe. Tun daga bakin gari gonaki suka ba mu labari: ciyawa ta fi gero tsawo, ba kowa a ciki sai mata jefi-jefi. A ƙarƙashin bedin kasuwa maza ne kwance a tabarmi, masu ƙone ƙyalle da masu ɗaura shi a hula, ƙafa kusa da ƙafa, ƙuda bai bambanta su ba. Mati yana da tsutsotsin a ƙafafu biyu, ɗaya kuma a gwiwa. Ya yi gaggawar ja ta tsinke a ciki, gwiwar ta kumbura kamar tulu. Madam ta ɗaura zane a kan farar rigarta, ta durƙusa ta fara wanke miki tun daga na bakin layi.

Maigari, dattijon da aka daina jin maganarsa tun da jam'iyyu suka zo, ya ja ni gefe. Ya ce mutanen nan kwana da kwanaki suna kwance wuri ɗaya ba mai ce wa wani sannu, kowane ɓangare cewa yake ɗayan ne ya yi masa jifa, masu iya rarrafe kuma suna zuwa su tsoma ƙafa a tabki don zafi. Ya ce in yi musu wani abu. Na ce, ranka ya daɗe, ai an hana wasan. Ya ce an ce sai bayan zaɓe, to ga bayan zaɓen nan kwance a tabarma.

To ga aikin da kuke cewa ba wuya. Mutane ne cikin azaba, gonakinsu na lalacewa suna kallo, a cikinsu akwai wanda ya fasa maka kafaɗa. In ka yi musu dariya, kai azzalumi ne. In ka ce ai na gaya muku, sun toshe kunne har abada. In ka sa babbar riga, ka tayar da faɗan bara. Kuma dole kafin ka sauka su yarda ruwan ne, su daina tsoma ƙafa a tabki, in ba haka ba baɗi ma a nan za a same su. Na bar rigar a buhu. Na ari turmi na kife na hau, na saki zaren nan daga wando har ƙasa, na gyara murya irin ta masu mitin. Na ce ni ne Kurkunu, ba Alhaji ba, ba Malam ba, ɗan takara mai zaman kansa, na zo godiya.

"Jama'a, bara mu uku muka nemi goyon bayanku. Biyu sun yi muku alkawarin rijiya da taki da hanya. Ni alkawari ɗaya na yi: na ce ku sha ni, baɗi war haka zan dawo. To, ina su? Ni ga ni."

Ba wanda ya motsa. Can daga ƙarshen layi wani tsoho ya yi wani sauti kamar tari. Na ci gaba. Na gode wa waɗanda suka ƙone ƙyalle don sun buɗe mini ƙofa, na gode wa waɗanda suka tace hulunansu don ban taɓa ganin huluna masu tsabta irin nasu ba. Na ce ni ban san launi ba, duk wanda ya sha ni sai na wakilce shi. Na ce ina neman a sake zaɓe na, kuma akwatina ga shi can, tabki: duk mai ƙaunata ya rarrafa ya tsoma ƙafa, ya jefa mini ƙuri'ar gari duka ke nan. Dariyar ta fara daga masu hula ta tsallaka zuwa ɗaya gefen. Mati ya cije leɓe ya daure, har ta ƙwace masa ta girgiza gwiwar, ya yi ta zagina yana hawaye yana dariya.

Ban bari ta huce ba. Na sa maigari ya aika aka ɗebo ruwan tabki a sabuwar kwalba, aka bi tabarma-tabarma da madubi. Da aka zo kan Mati ya daɗe yana kallo. Da can ma ya gani, amma da can ƙafarsa lafiya lau. Ya miƙo mini madubin bai dube ni ba, ya ce wa maigari a sa mai gadi a bakin tabki, duk mai miki a ɗebo a kai masa. Wani daga masu hula ya ce ƙanensa zai yi gadin. Maganar farko ke nan da ta shiga tsakaninsu.

Kada ku ɗauka dariya ta warkar da kowa. Geron shekarar ya tafi, rumbuna suka tsaya wayam, samari suka tsallaka iyaka cin rani tun kafin kaka. Gwiwar Mati ta sandare, bai ƙara riƙe hauya ba. Mutumin da ke nome gonar da ta gagari mutum biyu ya koma tufka igiya a zaune. Wasa bai iya maido da wannan ba, iyakarsa ya tsare damina ta gaba.

Da la'asar ɗin ranar, kafin mu juya, Madam ta ce akwai abin da ya ɗaure mata kai: masu ciwon kusan duk maza ne, mata da yara ƴan kaɗan, alhali tabki ɗaya ake sha. Aka ɗauki Mati aka kai shi gida, muka bi don ta nuna wa matarsa, Habsu, yadda za ta riƙa wanke gwiwar. Yaransa suna ta guje-guje a tsakar gida, ƙafafu sumul. Madam ta ciro sabon ƙyalle ta miƙa mata. Habsu ta ce ta gode, tana da nata. Ta kai mu bayan ɗaki inda wata randa take rufe da faifai, ta ɗaga: ga tsohon ƙyalle ɗaure a bakinta, ya sha wanki har ya yi laushi. Ta ce yawancin matan garin haka suka yi. Na masu hula ma sun yanki rabi sun ɓoye kafin su miƙa wa mazansu. Madam ta nuna ɗaya randar, babba, da ke ƙofar ɗakin Mati, ta ce wannan fa.

"Ta maigida ce," in ji Habsu. "Ya ce kada a tace ruwa a gidansa, a gaban mutane ya faɗa. Ni kuwa ban iya saɓa masa a nasa ruwan ba."

Mati yana kwance a rumfa, kuma ba kurma ba ne. Sai ya ce ta ba shi ruwa. Habsu ta ɗauki moɗa ta tsaya tsakanin randunan biyu.

"Daga wacce?" in ji ta.